Baƙon da Ke Rina Rigarsa

Arzika, wanda bakinsa ba ya hutawa, yana leƙe ta ɓarakar wata danga a bayan kasuwar Shagari. Wani baƙo ne tsugune gaban tukunyar rini, dogo, ramamme, dugadugansa duk faso. Yana tsoma koɗaɗɗiyar baƙar riga, ta fito kore, iska ta mayar da ita shuɗi.

"Kawu, mi yas samu marina? Ko sun koma noman albasa?"

Baƙon ko murmushi bai yi ba. Kunnensa na kan hanya.

Nan Arzika ya tuna shelar da aka yi da safe: dogarai na neman wani da ya tsere daga aikin haƙar kuza na tilas, alamarsa koɗaɗɗiyar riga. Wataƙila manomi ne da ya bar gero a gona. Marini dai ba shi ba ne, don ga shi yana zura rigar a jiƙe, ko ɗauraya babu.

"Kawu, bari ta bushe," in ji Arzika, murya ƙasa-ƙasa. "Zuba za ta yi."

"Yaro, ba ka gan ni ba."

Ya miƙe ya nufi kasuwa, don ta nan hanyar fita gari ta bi, inda dogarai ke tsaye, shuni na gangara a wuyansa.