Baban Ɗakin Kaset Ya Tafi da Abin da Ke Kansa

Daga Allah muke, kuma gare Shi za mu koma. Da hantsin Talata, tara ga watan Afrilu, ina tsaka da tace wani shiri, matarka ta kira ni ta ce Allah Ya yi maka cikawa bayan jinyar wata biyu.

Baba, shekara talatin da ɗaya ka yi kana kula da ɗakin ajiyar tsofaffin hotunan gidan talabijin ɗinmu, ɗakin nan mara taga da ke ƙarshen baranda, wanda na'urar sanyaya shi ta fi lalacewa yawa a kan aiki. Mu masu shirya shirye-shirye mukan faɗo maka a gurguje mu ce muna son hoton wata tsohuwar kasuwa kafin ta ƙone. Sai ka ɗan lumshe ido, ka miƙe, ka zaro kaset ɗin daga kanta ta huɗu.

Ban manta shirina na farko kan ambaliya ba. Na saka hoton da ya fi tayar da hankali, ka kalla, ka ce, "'Yata, wannan ba ruwan shekarar ba ne. Dubi gadar nan, lokacin ba a gina ta ba." Na ce babu mai lura. Ka ce waɗanda suka rasa 'yan uwa a ruwan za su lura. Na cire shi ina gunaguni. A ƙarshen shirin sunan kowa ya fito, har direba, ban da naka. Ni na manta, kai kuwa ba ka taɓa tayar da maganar ba.

Akwai kuma matar da ta zo neman fuskar mahaifinta, wani birkila da ya rasu tana goye. Kwana uku kana bincike, har ka samo shi yana miƙa bulo, daƙiƙa shida kacal. Sau goma sha ɗaya ka maimaita mata.

Abin da ke ci mini rai shi ne, sau nawa ka rubuta wa shugabanni a kwashe hotunan nan a zuba a kwamfuta tun kana iya faɗin wane ne wane? Kullum amsar ita ce ana dubawa. Kana kwance a asibiti aka mayar da ɗakinka ofis, aka jibge kaset-kaset a ƙarƙashin matakala, inda ruwa ke yoyo. Mun gani, mun yi tsaki, mun wuce.

Jiya aka ce in haɗa sanarwar rasuwarka ta minti ɗaya. Na juye duk abin da zan iya juyewa, ban samu hotonka mai motsi ko guda ba. Da hoton katin aikinka muka sanar.

Allah Ya jiƙanka, Baba, Ya haskaka kabarinka, Ya sa Aljanna ce makomarka. Ya ba Mama matarka da 'ya'yanka biyar haƙurin wannan rashi. Mu kuma da muka yi shiru, Allah Ya yafe mana.