Takardar da Na Rubuta wa Mijin Yayata

Da hannuna na rubuta ta, da Faransancin da nake taƙama da shi. Lokacin ina koyarwa a lakkol, makarantar boko, a Dogon Dutsi, na tsayar da gemu, ina ganin duk danginmu na ƙauye ɓatattu ne.

Mijin yayata ɗan kasuwa ne, sahu ɗaya muke sallah. Ran nan ya same ni idonsa jawur, ya ce Inna ta ɗauke masa mata bayan ya fita, ta kai ta ƙauyenmu gaba da Matankari, an sa ta ɗakin girka. A wurinmu in 'yan bori suka shigar da mutum girka, ba mai ganinsa sai kwanakin sun cika, ko da mijinta ne. Ya je sau biyu, samarin gari suka kore shi da sanduna.

Raina ya ɓaci, ban tambaye shi komai ba. Na rubuta wa zuji, alƙalin gwamnati, cewa ana tsare da matar aure ba da son ranta ba, a fito da ita a gan ta ido da ido. Zuji ya ba da umarni. Ni na shiga motar jandarma ina nuna hanya, mijin yana tare da mu.

Da hantsi muka isa. Inna na zaune a bakin ɗakin. Ba ta dubi jandarman ba, ni ta duba.

"Ɗana, kak ka bari a buɗe ƙohwag ga. Ba ka san abin da ac ciki ba."

"Na sani, Inna. Shirka ce."

Jandarma bai gama karanta takardar ba mijin ya ture Inna. Ta faɗa kan turmi, goshinta ya fashe. Ya ɓalle ƙyauren da ƙafa, ya shiga ya jawo yayata ta hannun dama. Ƙarar da ta yi har yau ina jin ta. Hannun a ɗaure yake da karan ɗori, a gabanmu ya sake karyewa. Fuskarta a kumbure, haƙora biyu babu. Ya ɗaga hannu zai mare ta, wani jandarma ya zabga masa gindin bindiga a ƙirji, samari suka rufe shi da duka sai da aka ƙwace shi.

Na leƙa ɗakin. Ba garaya, ba turare, sai kwanon kunu da tsummoki.

Inna tana share jini da bakin zane ta ce, "Da taɓarya yak karya ta. In na aje ta ɗakina, gobe shi zo biko, dattijai su ba ta haƙuri su maishe ta. Ƙohwag ga ɗai ce ba su buɗe ma miji."

Kunya ta kama ni, na rasa inda zan sa fuskata.

A gaban zuji yayata ta ce ba wanda ya tsare ta. Ya ce ta tafi inda take so, aka riƙe mijin. Da muka fito na matso zan taimake ta ta hau mota, ta janye jikinta.

"Tun da ka iya rubutu," ta ce, "mi yah hana ka zo ka tambaye ni abin da za ka rubuta?"

Auren ya mutu, amma hannun bai sake kamawa ba, ya shanye. Duk lokacin da na je gida akwai ranar da muke haɗuwa wurin cin abinci, in ga yayata, mace mai tsananin kunya, tana kai loma da hagu a gaban mutane.