Ɗaya Bisa Takwas na Malama Rahmatu

Malama Rahmatu tana tsintar shinkafa bayan la'asar sai hayaniya ta ɓarke a gidan Asabe, wanda katanga ɗaya ce ta raba su a Hayin Banki. Dangin wata amarya ne daga Mando suka dawo da kek ɗin biki a cikin daro, suna cewa ɗaci kamar maɗaci, baƙi sun tofar a gaban surukai. Asabe tana rantse-rantse, tana cewa yadda aka karanta mata haka ta auna. Malama ba ta ɗaga kai daga faranti ba.

Tun farkon shekarun tamanin take koyar da lissafi a aji huɗu na firamaren unguwar. Ranar Asabar kuma tana gasa kek a gwangwanayen kifi, cikin tukunya mai yashi, kamar yadda ta koya a kwalejin horon malamai. Babu bikin ma'aikacin gwamnati daga Kawo zuwa Mando da ba a ci nata ba. Sai bara Asabe, mai tuyar fanke, ta fara raɗa wa mata a gidajen suna cewa barasa Malama ke zubawa, shi ya sa yake tashi haka. Maganar ta bi gari. Aka daina aiko mata, wasu iyaye ma suka hana 'ya'yansu karɓar ko ruwa a hannunta. Mijinta ya ce ta bar wa Allah. Ta ce to, ta kife tukunyar a bayan ɗaki.

Sa'adatu, 'yar Asabe, tana ajinta. Da labari ya iso cewa an ba Asabe aikin kek ɗin Mando, alhali ba ta taɓa gasawa ba, Malama ta shigo aji da gwangwanin madara da fulawa, ta ce yau da girki za a koyi rabe-raben lamba. Ta rubuta awon kek ɗinta na gaskiya a allo, ba ta rage komai ba: bota rabin gwangwani, wato ɗaya bisa biyu, bakin hoda mai sa shi tashi ɗaya bisa takwas. Ta san wadda za ta kai awon gida.

Ta ta da Sa'adatu, ta tambaye ta wanne ya fi yawa. Yarinyar ta ce ɗaya bisa takwas, ai takwas ta fi biyu. Kuskure ne da Malama ta gyara wa ɗaruruwan yara da yankan lemo. Ran nan ta dube ta, ta ce zauna, ta wuce tambaya ta gaba. Asabe kuwa da ta ji daga bakin 'yarta cewa hoda ta fi bota yawa sai ta yi murna, ta ɗauka asirin ne ya faɗo hannunta.

Da mutanen Mando suka fita, aka fara jin kukan Sa'adatu da ƙarar takalmin roba a jikinta. Nan hannun Malama ya tsaya a cikin shinkafa. Ta miƙe kamar za ta leƙa katanga, ta koma ta zauna.

Can sai ga sallama. Asabe ce, mayafi a karkace, ido jajur.

"Malama, don girman Allah, me na rage a ciki?"

Malama Rahmatu ta riƙe ƙyauren da hannu ɗaya, ta dube ta daga sama har ƙasa.

"Maman Sa'adatu, ke da kika san sirrin tun bara? Barasar ce ba ki zuba ba."