Itacen Jego

Sana'ata bandar kifi. Tun ina saurayi nake tsugune gaban wuta a bakin kogin Haɗeja, ina juya tarwaɗa da karfasa, har hayaƙi ya cinye mini rabin gani. Boko kuwa firamare na leƙa, ita ma ban ƙarasa ba. Saboda haka kada wani ya ɗauka likita ne ke magana. Abin da na gani a tsakar gidana zan faɗa.

'Yata ta fari ce ta haihu. Ba zan kama sunanta ba, don ko a gida ba na kamawa. "Ke" nake ce mata tun tana rarrafe, uwarta ma haka. Mun taso mun tarar ana kunyar ɗan fari, ba a nuna an damu da shi a gaban mutane. To wannan kunyar ita ta sa da aka kawo ta gidana wankan jego, uwarta ta ja gefe, sha'anin ya faɗa hannun yayata, wadda yaran gidan ke kira Gwaggo. Matar nan ba ta taɓa cewa ban sani ba a rayuwarta. In ka tambaye ta yadda ake gyaran injin ban-ruwa, sai ta ba ka amsa.

A asibiti yarinyar ta haihu, domin tun wajen awon ciki suka ga jininta ya hau, suka ce kada ta yarda ta haihu a gida. Ranar sallama ina tsaye a baranda, na ji da kunnena abin da malamar asibiti ta faɗa wa Gwaggo. Ta ce a yi wanka da ruwa mai ɗumi wanda hannu zai iya jurewa, ban da tafasasshe. Ta ce ban da kunun kanwa ko cokali guda, gishiri ma a rage, domin mai hawan jini ce. Ta ce yarinyar ta riƙa shan ƙwayoyin da aka ba ta, a dawo da ita a sake auna jinin bayan 'yan kwanaki, in kuma aka ga ƙafa ta kumbura, ko numfashi ya yi wuya, ko kai ya matsa da ciwo, kada a jira ranar, a taho a take. Gwaggo tana ta gyaɗa kai, "to Malama, in Allah ya yarda Malama," kamar mutuniyar kirki.

Ko ƙofar asibitin a-daidaita-sahunmu bai gama fita ba, Gwaggo ta taɓe baki. Ta ce ji wannan 'yar, da ganin ƙirjinta ko ɓari ba ta taɓa yi ba, ita ce za ta koya mata jego. Ta ce ita da ta yi wa matan rabin unguwa wanka, wa ya taɓa mutuwa a hannunta. Ni dai na san biyu da aka kai makwanci kafin arba'in, amma a lissafin Gwaggo waɗannan kwanansu ne ya ƙare.

Sai kuma surukina. Al'ada ce miji ya kawo itacen da za a dafa ruwan wanka, shi kuwa da yake haihuwar fari ce, ya ga abin nuna isa ya samu. Amalanke ya ciko da itace, aka jibge mini a ƙofar gida har ya tare hanyar masallaci. Dattawan majalisarmu suka yi ta sa masa albarka, wai yaron nan ya san darajar mace. Ba wanda ya tambaye shi ko ya san matar tasa tana da hawan jini. Shi ma bai sani ba. Bai taɓa raka ta awo ba, a ganinsa wannan zubar da girma ne, amma nauyin kowane gungume a tulin nan ya san shi.

Bazara ce fa. Wanda ya san zafin Haɗeja a bazara ya san ko jaki inuwa yake nema. A cikin wannan zafin ake ɗora rabin duro a murhu safe da yamma, ruwa ya tafasa har yana tsalle, a tsoma ganyen darbejiya a riƙa fyaɗa wa yarinya a jiki. In ta fito, fatarta ta yi jawur kamar an yanka ta, sai a miƙa mata kwanon kunu wanda aka zabga wa kanwa ungurnu har ya yi ɗaci. Wai yana kawo ruwan nono, yana korar sanyi. Ƙwayoyin asibiti kuwa Gwaggo ta ɗaure su a leda ta soke a jikin danga, ta ce ba a haɗa maganin Bature da jego.

Na yi magana. Na ce Yaya, ba haka malamar nan ta ce ba. Ta dube ni sama da ƙasa, ta ce tun yaushe namiji ya fara leƙa tukunyar jego, ko ni ma zanin zan ɗaura a yi mini. Matan da suka zo barka suka kwashe da dariya. Ta ƙara da cewa ba ni da ta ido, ina rawar jiki a kan 'yar fari kamar wani ɗan birni. Na fita majalisa ko zan sami mai goya mini baya, sai na tarar da malaman kowane fanni. Wani ya ce uwarsa da garwashi a ƙarƙashin gado ta yi nata jegon, ga shi nan ƙato. Wani ya ce 'yan asibiti so suke su lalata mata, su daina haihuwa. Wanda ya fi kowa ɗaga murya ba ya iya karanta lambar da ke jikin babur ɗinsa.

Ba a jima da suna ba ƙafafun yarinyar suka fara kumbura. Silifa ya daina shiga. Sai tari. Uwarta ta same ni da safe a zaure, tana magana ƙasa-ƙasa kamar mai satar akuya, ta ce yarinyar ba ta iya kwanciya miƙe, a zaune take barci ta jingina da bango, in ta kwanta sai ta ce numfashinta zai ɗauke. Duk abin da malamar ta lissafa ga shi nan ya bayyana, ba sai an kira mai duba ba.

Amma me Gwaggo ta gano? Sanyi. Ta danna ƙafar da yatsa, wurin ya lotsa bai taso ba, ta ce ai ga shi nan, sanyi ne ya shige ta tun a asibiti, da suka kwantar da ita ƙarƙashin fanka. Maganin sanyi kuwa zafi. Aka ƙara itace a murhu, aka ƙara kanwa a kunu. Wato abin da ke kashe ta shi aka ninka mata. Akwai wani mai kemis a bakin titi, wanda duk iliminsa bai wuce farar riga ba, shi ma ya tabbatar sanyi ne ba tare da ya ga mai ciwon ba, ya ba da man shafawa.

Ni ban san sunayen cututtuka ba. Amma na yi shekaru ina kallon kifi in an fito da shi daga ruwa. Wata safiya da hantsi na shigo ɗaukar wuƙata, na ga an fito da yarinyar za a kai ta bayan ɗaki wanka. Taku kaɗan ta yi ta dafa turmi ta tsaya, baki buɗe, kafaɗu suna hawa suna sauka, kamar karfasa a kan gaɓa. Ga duro can yana tafarfasa. Ta ɗago ido ta dube ni, abin da ba ta saba yi ba, ta ce, "Baba, ba zan iya ba."

Na tafi wajen murhun na sa ƙafa na ture duron. Ruwan ya malale ya kashe wutar, tururi ya cika gidan.

Gwaggo ta ce, "Lalle ka haukace. In ta mutu da sanyi a jiki, alhakinta a wuyanka."

Na ce, "Yaya, ni kifi nake bandawa, shi ma sai ya mutu nake ɗora shi a wuta. Matsa mini."

Na kira surukin a waya na ce zan kai matarsa asibiti. Ya fara inda-inda, wai a bari ya ji ta bakin innarsa, wai kuma ai ba a gama wanka ba, itacen fa? Na ce masa itacen yana nan ba inda zai je, in ya gama shawara ya same mu can. Na tsayar da a-daidaita-sahu, muka ɗora ta ni da uwarta, wadda ranar ta ajiye kunya ta rungume 'yarta a cinya. Dattawan majalisa suna kallo, ba wanda ya tashi ya kama mana ko jakar jariri.

A asibiti ba su tsaya dogon tambaya ba. Suka zaunar da ita a gado maimakon su kwantar, suka sa mata robar iska a hanci, suka yi mata allurar da ta sa ta yi ta fitsari har kumburin ya fara saɓewa. Likitan ya kira ni gefe. Ya ce zuciyarta ce ta gaji, ruwa ya taru a jiki har ya kai huhu. Kanwar tana riƙe ruwa kamar gishiri, zafin yana ƙara wa zuciya aiki, ga hawan jini an bar shi ba magani. Malamar nan da aka ce ba ta san jego ba ita ke kan aiki a ranar. Ba ta ce mana ai na faɗa muku ba. Tambaya ɗaya ta yi, ina ƙwayoyin da ta bayar. Na ce suna jikin danga. Ta juya ta ci gaba da aikinta.

Yarinyar ta tashi. Ta daɗe a gadon, amma ta tashi, ta shayar da ɗanta, yau ga shi can yana bin awaki da gudu. Sai dai zuciyar ba ta koma yadda take ba. Har yanzu tana shan magani, ba ta iya daka mai yawa, kuma likita ya zaunar da ita da mijin ya ce kada ta sake ɗaukar ciki sai an duba zuciyar an ga ta yi ƙarfi. Mijin ya fito yana cin magani, kamar shi aka yi wa laifi.

Gwaggo ba ta sake taka gidana ba sai da babbar salla. Har gobe in an taɓo zancen cewa take yi raunin da yarinyar ke fama da shi, don ba a bari ta cika arba'in ɗinta ba ne. Kuma ana ci gaba da aikowa a ɗauke ta wanka gida-gida, ana ba ta turmin atamfa da sabulu. Na daina musu da ita. Na gaji.

Itacen kuwa ya daɗe a ƙofar gida. Surukin bai zo ya kwashe ba, ni ma ban aika masa ba. Da kaka ta yi, ruwa ya ja baya, tarwaɗa ta samu, sai na riƙa jan sa kaɗan-kaɗan zuwa bakin kogi. Itace ne mai kyau, ba ya hayaƙi da yawa. Kifin shekarar nan ya bandu sosai.