Baffa ya kore min wasanni

Jama'a, yau na ga abin da ya fi ƙarfin kaina!

Na dawo daga Pitowa, sati guda ina wajen aikin auduga. Na kunna kwamfuta, na shiga inda wasannina suke. Wayam! Na ƙwallo babu, na yaƙi babu, wanda na shekara biyu ina bugawa babu. Saura ɗaya tak, na gona da kiwo, wanda ban taɓa buɗewa ba.

Na kira Buba mai gyaran kwamfuta a unguwar Poumpoumré. Ya ce, "An sace maka kont ne, wato asusun wasanninka." Can ya ce, "Tsaya, duba wajen ɓoyayyu."

Na duba. Ga su nan reras! To wa ya ɓoye?

Sai ga Baffa, ƙanin babana, tsohon dillalin shanu da ciwon ƙafa ya zaunar a gidanmu. Ya ce, "Ni na ware su. Masu harbe-harben nan suna firgita min dabbobi."

Na ce, "Baffa, waɗanne dabbobi?"

Ya buɗe wasan gonar. Shanu cike da allo, kowace da sunanta! Mutumin da ko Faransancin da ke kan allon ba ya karantawa!

Na ce, "Wa ya koya maka?"

Ya ce, "Ware garke ne sai an koya min? Tashi daga kujerar nan, ba su sha ruwa ba tun safe."

Wallahi na tashi.