Takalman Baba a Ƙofar Zaure

Aikina a fim shi ne duk abin da ba ya fitowa a talabijin. Ni ke nemo gida, ni ke lallashin masu babura su kashe inji, ni ke korar akuya idan ta shigo gaban kyamara. Darakta ya yi ihu, ɗan wasa ya yi fushi, duk a kaina ake saukewa.

A wani yawon neman gida na samo gidan wani dattijo a Bungudu. Gidan ƙasa ne mai faɗin zaure, irin wanda darakta ya dame ni in nemo. Baba ya ba mu aro, da sharaɗi ɗaya: a nuna shi a ciki. Darakta ya yi dariya, ya ce to ya tuɓe takalmi a ƙofar zaure, ya shiga, ya ratsa tsakar gida. Baba ya sa babbar rigarsa ta Juma'a, ya ratsa a hankali kamar mai zuwa ɗaurin aure. Har tafi muka yi masa.

Da aka zo tace fim a Gusau, aka ce ya yi tsawo, aka yanke Baba. Na roƙa, ba a saurare ni ba. Mu kuma a sana'armu abin da aka yanke ba ya daɗewa, gogewa ake yi don a sami wurin zuba sabon aiki. Muna Tsafe muna ɗaukar wani fim aka goge.

Bayan kaka Baba ya rasu. Na je gaisuwa. Matarsa, Inna, tana takaba, sai ta yi mini magana daga bayan labule.

"Ɗana, ba ni da hotonai ko guda. An ce kun ɗauke shi shina tahiya. Shi nika son in gani."

Na ce mata to.

Na koma Gusau na tayar da hankalin mai tacewa. Muka bincike kwamfuta, muka bi katunan kyamara, na kira duk wanda ya riƙe waya a ranar. Kowa jarumar fim ya ɗauka. Ban taɓa jin haushin aikina kamar lokacin ba.

Abu ɗaya ya tsira a fim ɗin da ya fita. Akwai inda jarumi ke sallama a ƙofar zaure, a gefen ƙafarsa kuma ga takalman Baba na roba, ɗaya ya ɗan hau ɗaya.

Na kai wa Inna fim ɗin a wayata, na tsayar da hoton a daidai wurin, na miƙa wayar ta gefen labule. Ina shirin ba ta haƙuri.

"Takalmanai na," ta ce. "Shina ciki ke nan. Sake shi ya ci gaba, ɗana, in ga hitowatai."