Ƙamshin Ruwa a Zauren Alƙali

Na manta abubuwa da yawa, har da shekaruna, amma ranar da hancina ya jawo mini ɗaurin kwana takwas a Magarya tana nan daram, da ita za a binne ni.

Zamanin Faransa ne, ina sabon ango. Ko lakol, makarantar boko, ban taɓa leƙawa ba, allo ma gudu na yi na bari. Aka kira ni daga Mallawa in ba da shaida a kan iyakar gonar maƙwabtana. Zaure ya cika, zafi kamar a tanda, alƙali na magana a hankali, tafinta na rubuta wa kumandan, Baturen da ke mulkin yankin. Can sai wata iska mai sanyi ta shigo daga gabas da ƙamshin ƙasar da ruwa ya taɓa a wani wuri mai nisa. Wata bakwai rabona da shi. Zauren ya ɓace mini. Na ga gonata, na ga amaryata tana bin sawuna tana zuba iri, har na ga gero ya yi kai yana rausaya. Ƙafafuna suka miƙe da kansu. Na tsallake mutane na fita, na ɗaga kai sama ina murmushi kamar taɓaɓɓe, ashe a daidai lokacin alƙali sunana yake kira.

Dogari ya dawo da ni ta wuyan riga. Alƙali ya ce na raina shari'a, kwana takwas. Da la'asar ruwa ya sauka kamar da bakin ƙwarya, ina tsare ina kallonsa ta ƙofa. Duk manomi ya san shukar da ta wuce kwana uku bayan ruwan fari ta zama caca, gidanmu kuwa ni kaɗai ne mai riƙe sungumi.

Da safe na roƙi dogari har ya gaji ya mayar da ni gaban alƙali. Alƙalin ya tambaye ni abin da ya fi shari'arsa girma a waje.

Na ce, "Allah ya gafarta Malam, hancina ne ya riga hankalina tashi."

Tafinta ya ce an riga an rubuta, kumandan kuma ba ya son gogewa a takarda. Alƙali ya daɗe yana duban jiƙaƙƙiyar ƙasar bakin zaure.

Ya ce, "Ni aka raina, ni na yanke, ni ke da ikon sake dubawa. Kwana takwas na nan, amma ban faɗi na wane wata ba. Je ka yi shuka, ka dawo bayan girbi."

Ban san ƙafata ta taɓa ƙasa ba har Mallawa. A shekarar rumbunmu ya cika.

Da kaka na koma da ƙafata, ina taƙama da cika alkawari. Ashe dattijon ya manta da ni sarai, ni da bakina na tuna masa. Ya yi dariya har rawaninsa ya karkace, sannan ya sa na yi kwana takwas cur ina yaɓen katangar zauren.

Daga nan na koyi cewa hukunci doki ne, darajarsa na ga mai riƙe da linzami. Na kuma koyi cewa in alƙali ya manta da kai, ka taya shi mantawa.